Kwaɗon Gindin Randar Kaka

Kakata ta wajen uba tana da ƙawa, kuma ƙawar nan kwaɗo ce. Ba don zolaya na faɗi haka ba, ko da yake zolayar Kaka ita ce sana'ata tun ina 'yar mitsitsiya. A ƙauyenmu da ke tsakanin Gagarawa da Gumel kowa ya san da zancen. A ɗakinta akwai wata tsohuwar randa da marigayi kakanmu ya sayo mata a kasuwar Maigatari, an girke ta a kan yashi a lungun bayan ƙofa. Kullum Kaka na yayyafa wa yashin ruwa don randar ta yi sanyi, kuma a cikin wannan danshi ƙawar take lafewa, ba abin da ake gani sai idanu.

Ta zo ne lokacin da Kaka take takaba. Bayan sadakar bakwai 'yan gaisuwa suka fara ja da baya, bayan ta arba'in kuwa kowa ya koma gonarsa, aka bar tsohuwa da carbinta. Wata safiya ta ɗauki moɗa za ta ɗebi ruwan alwala, sai ta ga kwaɗo a gindin randa, ƙafar baya ta hagu da rauni, yatsa guda ya guntule, da alama fartanya ce ta yi aikin. Ba ta kore shi ba. Ta ce baƙo ne, kuma mai jinya. Rauni ya warke, takaba ta ƙare, baƙo ya ƙi tafiya. Daga nan ta fara ce masa "'yar ɗakina", duk wanda ya kuskura ya ce "shi" kuwa sai ta gyara masa baki.

Dalilin gyaran bakin shi ne Kaka tana da wata doka da take taƙama da ita. Tun rasuwar kakanmu babu namijin da ya wuce labulen ɗakinta. 'Ya'yanta maza ma, har da babana, daga bakin ƙofa suke durƙusawa su gaishe ta. Limamin unguwarmu ya taɓa aiko mata cewa addini bai ɗora mata wannan ba, ta ce a gaya masa ta gode, amma ɗaki nata ne. Ko muzuru ya leƙo sai ya sha jifa da takalmi. A gidan biki, in mata suka fara hirar zawarawa, sai ta gyara zama ta ce, "Ni dai tun da malam ya tafi, inuwar namiji ba ta faɗa ɗakina ba."

Bayan la'asar ne lokacin hirarsu. Kaka za ta shimfiɗa tabarma kusa da randa, ta ɗora faifai a cinya tana tsintar wake, tana ba 'yar ɗakinta labarin gari: wadda ta yi yaji, wanda akuyarsa ta shiga gonar wani, surukar da ta zuba kanwa fiye da kima a miya. In ta yi shiru tana jiran amsa, can daga gindin randa sai a ji wani ɗan gajeren "ƙurr". Da rani jefi-jefi ake samun amsar, da damina kuwa har ta yi yawa. Sai Kaka ta gyaɗa kai ta ce, "Kin gani ko, ke ma kin ce ba daidai ba ne."

Haka suka yi shekara huɗu, a cikinsu ne na shiga makarantar horon malamai a Gumel. A shekarata ta biyu malaminmu na kimiyya ya shigo aji da kwaɗi cike da bokiti, ajin ya kaure da tsalle-tsalle, namu da na kwaɗin. Ya nuna mana yadda ake bambanta namiji da mace. Macen ta fi girma da ƙiba, maƙogwaronta fari ne sumul. Namijin ƙarami ne, fatar maƙogwaronsa ta yi duhu ta saki, saboda da ita yake kuka. Da damina kuma wata baƙar kanta tana fito masa a yatsun hannu na ciki, da ita yake riƙe macen kada ta suɓuce masa. Babbar shaida ita ce ta ƙarshe: in ka sa yatsu biyu ka ɗan matsa shi a bayan hammata, namiji zai yi kuka jikinsa na rawa, mace kuwa shiru za ta yi.

Na dawo hutu a farkon damina, wannan ilimi yana yi mini ƙaiƙayi a baki. Ina da iyayi, ban taɓa musu ba. Kwana biyu ina zagaya randar Kaka ina satar kallo, na ga girman, na hango maƙogwaron, na kuma san amsar la'asar tun da daɗewa. Dariya ta cika mini ciki, ina jiran ranar da zan sauke ta.

Ranar ta zo da kanta. Goggona, ƙanwar babana da ke aure a Sule Tankarkar, ta iso a kan acaɓa da rabin buhun gyaɗar iri, matan gidanmu da na maƙwabta suka baje a tsakar gida ana ɓara. Goggo mace ce mai baki, in ta samu abin dariya sai ta tatse shi tas. Ina zaune ina ɓara a hankali don kada farcena ya karye, Kaka ta dube ni ta taɓe baki.

"Ku dubi hannun 'yar boko," in ji ta. "Shekara biyu a Gumel, ko miyar kuka ba a koya mata ba. Wai me ake koya muku ne, ja'ira?"

Tsakanin jika da kaka babu kunya, ta tsokana na rama, haka muka saba. Na ce, "Ana koya mana abin da ke, duk da furfurarki, ba ki sani ba. 'Yar ɗakin nan taki, kin san ko wace ce?"

"Na santa tun kina fitsarin kwance."

Na tashi na shiga ɗakin, na zura hannu gindin randa na ɗauko kwaɗon. Bai yi gardama ba, ya saba da mutane. Na kawo shi tsakiyar mata na tsaya kamar malaminmu, har da gyaran murya. Na nuna musu ƙanƙantarsa, na birkice shi na nuna duhun maƙogwaro, na buɗe hannunsa na nuna kantar. Sannan na yi musu bayanin kukan. Na ce a kududdufi mazan kwaɗi gaggawa ce da su, ba sa tsayawa tambaya, duk abin da ya motsa sai su rungume, ko da ɗan'uwansu namiji ne. Shi ya sa Allah ya ba namijin wani kuka na musamman, ma'anarsa "malam sake ni, ni ma irinka ne". Mata suka fara rufe baki da gefen mayafi, wata ta ce yarinyar nan ba ta da ta ido.

Na sa yatsu biyu a bayan hammatarsa na ɗan matsa. Ai kuwa ya saki kuka, "ƙur-ƙur-ƙur", jikinsa na kakkarwa a hannuna, kowa ya ji.

Tsakar gida ta fashe. Wata ta kifar da kwaryar gyaɗa, wata maƙwabciya ta rangaɗa guɗa. Goggo ta riƙe ciki, hawaye na zuba, ta ce, "Inna, ashe shekara huɗu da ƙato a ɗaki, mu kuwa kin hana yayyena wuce labule." Wata ta ce a kira liman a ɗaura aure kawai a huta. Ni kuwa ina tsaye ina ta washe baki, na ci gari.

Kaka ba ta yi dariya ba. Ta ƙarasa ɓare gyaɗar da ke hannunta, ta zuba ƙwayar a faifai, ta karkaɗe zaninta. Sannan ta ce, "To, madalla da karatu. Tun da kin gano, ɗauke shi ki kai shi kududdufin bayan gari. Ɗakina ba zaure ba ne."

"Haba Inna, wasa fa ake yi," in ji Goggo.

"Ni ma ban ce faɗa ake yi ba. Ke 'yar boko, ga bokiti can."

Na ɗauka za ta kira ni kafin in kai zaure. Na yi ta jan ƙafa, na tsaya gyara takalmi, na waiwaya sau biyu. Ba ta ɗago kai ba. Haka na ratsa gari da kwaɗo a bokiti, na tsallake titin mota, na wuce rijiyar makiyaya, na juye shi a bakin kududdufi. Ya ɗan tsaya kamar mai tunani, sannan ya yi tsalle ya shige ciyawa.

Washegari da la'asar Kaka ta shimfiɗa tabarmarta a wurin da ta saba, ta ɗora faifai a cinya, ba ta ce uffan ba. Rana ta biyu ma haka. Tana yayyafa wa yashi ruwa har ya yi caɓi, ta zauna tana kallon gindin randa. Tuwonta ya fara dawowa da saura. Na tsokane ta da safe, na ce tsohuwa ko kewar ango ce, ta ce, "Allah ya yi miki albarka," ta juya mini baya. A rayuwata ba ta taɓa yi mini zagin da ya yi zafin wannan albarka ba. Na san na yi ɓarna.

Goggo ce ta kawo shawara. Ta ce tun da na iya tantancewa, in je in samo mace ta gaskiya in kawo, magana ta mutu. Na ga hikima a ciki. Da sassafe na je kududdufi na zaɓo wata gabjejiya, maƙogwaro fari fat, na matsa hammata sau uku ba ta ce komai ba. Na ajiye ta gindin randa na ce, "Kaka, ga 'yar ɗaki ta halal na kawo miki, da shaidar makaranta."

Ta dube ta sama da ƙasa, ba ta kore ta ba. Da la'asar ina laɓe bayan labule na ji ta gwada. Ta ba ta labarin wata rigimar iyakar gona, ta yi shiru tana jira. Ba amsa. Ta sake kawo wani labarin, ta jira. Baƙuwa ta zuba mata idanu kawai. Can sai ta ce, ba tare da ta juyo ba, "Ke mai laɓe, shigo ki ɗauke kurmar nan da kika kawo mini."

Na shiga na zauna a gefen tabarma. Na ce, "Kaka, ai haka matansu suke, ba sa kuka. Mazan ne kawai ke yi."

"Ni za ki gaya wa?" Ta tsinci tsakuwa daga cikin wake ta jefar. "An haife ni a bakin fadama, na yi wasa da kwaɗi kafin a haifi uban malaminku. Tun ranar da ya fara amsa mini na san namiji ne."

Na gyara zama na zuba mata ido.

"Shekara arba'in da wani abu ina zaune da kakanki," in ji ta. "Mutum ne marar magana. In ya dawo daga gona ya zauna a nan, daidai inda kike, ni kuwa in yi ta zuba. Duk amsarsa ba ta wuce 'uhm'. In na kawo ƙarar wani, 'uhm'. In na ce gishiri ya ƙare, 'uhm'. Har faɗa nake yi masa a kan haka. Da ya tafi, ba abin da na rasa kamar wannan 'uhm' ɗin. Sai ga wannan bawan Allah ya zo da guntun yatsansa. Ba cewa na yi shi ne ba, astagfirullah, kwaɗo kwaɗo ne. Amma wajen amsa magana, wallahi bakinsu ɗaya."

"To me ya sa kika ce mace ce?"

"Da na ce namiji ne, da abin da kika jawo mini rannan tun shekara huɗu aka yi shi. Na rufa wa kaina asiri, na rufa masa. Ke kuma kika zo da karatunki."

Na ce ta yafe mini, kuma in ta yarda zan nemo shi. Ta ce ko na nemo ba zai shiga ba, don duk matan unguwa sun ji kukansa da kunnensu, ita kuwa ba za ta tsufa ta zama abin guɗa ba. Ta ce tsalle ɗaya ake yi a faɗa rijiya, amma sai a yi dubu ba a fito ba. Na ɗauki kurmar na mayar da ita inda na samo ta, ina tafe ina share hawaye da bakin hijabi.

Kwana biyu na yi ina farautar kwaɗo mai guntun yatsa. Duk wanda ya san kududdufi da damina ya san wannan aikin mahaukata ne. Da rana ɓuya suke yi, don haka sai na bi ina ɗaga fasassun tukwane da tubalan da aka yasar, duk wanda na kama in birkice shi in ƙirga yatsun ƙafar hagu. Na tattare zani, laka har gwiwa, farcen da nake tattali ya kakkarye. Masu zuwa gona suna wucewa suna yi mini sannu da wata irin murya. Wani dattijo a kan amalanke ya tsaya ya tambaye ni ko gwamnati ce ta sa a yi musu ƙidaya. Na ce eh, Baba, kuma daga su sai tsofaffi.

A rana ta uku na haƙura da kududdufi, na nufo gida da bokiti wayam. A rijiyar makiyaya na tsaya wanke ƙafa. Akwai wani kwami da ake shayar da shanu, ƙarƙashinsa kullum a jiƙe. Na leƙa don dai kada a ce ban leƙa ba, sai ga idanu biyu. Na jawo shi na ƙirga, yatsa guda babu. Ya rame, ƙura ta bushe a bayansa. Ya riga ya ci rabin hanyar gida, titin mota ne kawai ya rage masa. Na zauna a bakin kwamin nan ina dariya ina kuka, har wata Bafulatana mai tallar nono ta canza hanya.

Samun kwaɗo ya zo da sauƙi a kan abin da ya rage. A ranar ne Goggo za ta koma Sule Tankarkar, mata sun taru yi mata sallama, an kuma fito da ragowar gyaɗar. Na shigo da bokiti na tsaya a daidai inda na tsaya rannan. Kaka na zaune a ƙofar ɗakinta, ta ga abin da ke ciki, hannunta ya tsaya cak a kan faifai.

Na ce, "Jama'a, na zo in janye magana. Na sake duba littafi, ashe kuskure na yi. Ba a yanke hukunci da gwaji ɗaya, sai an maimaita. Rannan tsoro ne ya sa ta kuka, ganin taron mutane."

Na ɗauko shi na ɗora a tafin hannu, na sa yatsu biyu a bayansa, amma can ƙasa wajen ƙugu, nesa da hammata, ko matsawa ban yi ba. A zuciyata ina ta roƙonsa ya rufa mini asiri. Ya lumshe ido, bai ce komai ba.

"Kun ji," na ce. "Shiru. Mace ce."

Goggo ta matso tana ƙanƙance ido. "Ƙanƙantar da kika nuna mana fa?"

"Ai mata ma akwai gajeru, Goggo. Ga Kaka nan."

"Duhun maƙogwaron fa?"

"Datti ne. Gindin randa take kwana."

"To kantar hannun?"

"Goggo, buɗe naki hannun mu gani. Wace macen kirki ce ba ta da kanta a garin nan?"

Mata suka sa dariya, wasu na duba tafin hannunsu. Goggo ba ta yi ba. Ta dube ni, ta dubi mahaifiyarta da ta yi kamar tana tsintar wake alhali ƙwaya ɗaya take ta juyawa, ta sake dubana. Na ga lokacin da ta gane. Sai ta tafa hannu ta ce, "Ai dama na faɗa, karatun 'yan yanzu duk iska ne. Shekara biyu a Gumel ba ki iya bambance mace da namiji ba. Allah ya sa ranar aurenki a samu mai duba miki ango."

Nan fa aka juyo kaina. Guɗar da aka yi wa Kaka aka rangaɗa mini ninki biyu. Daga ranar sunana ya koma Malamar Kwaɗi, kuma ya bi ni har yau da nake koyarwa a wata firamare a Maigatari. Duk damina ina koya wa ɗalibaina alamomin nan daidai yadda suke, ban taɓa rage ko ɗaya ba, amma a ƙauyenmu ni ce wadda ba ta san namijin kwaɗo ba. Da na kawo miji gida, tambayar farko da Goggo ta yi mini ita ce ko na matsa masa hammata.

Kaka dai a ranar ba ta nuna komai ba. Ta ce, "Tun da kin gama wulaƙanta mini ita, mayar da ita inda kika ɗauko." Na shiga na ajiye shi a kan yashi, ya juya sau biyu ya lafe a raminsa, wanda ashe ba ta bari ya bushe ba.

Da la'asar acaɓa ya tafi da Goggo, amma mata biyu na maƙwabta suna nan a tsakar gida suna tattara ɓawon gyaɗa. Hadari ya haɗo daga gabas, iska mai sanyi tana kaɗa labule. Kaka ta shimfiɗa tabarma ta ɗora faifai, ni kuma na zauna a bakin ƙofa ina yanke ragowar farcena. Ta gyara zama ta fara, da muryar da na yi mako guda ban ji ba.

"Ke kuwa ina kika shiga haka? Bari in ba ki labarin abin da wata ja'ira ta yi mini da ba kya nan."

Ta ba da labarin tas, ba ta rage mini komai ba, har da farcen. Sannan ta yi shiru tana jira. Daga gindin randa aka amsa da wani "ƙurrr" mai kauri, irin na farkon damina, wanda ko a zaure an ji shi. Matan nan biyu suka ɗago kai suka dube ni. Na sunkuyar da nawa.

Kaka ta ɗaga labule da hannu ɗaya, ta leƙo, idonta ya ciko amma bakinta na rawa da dariya.

"Me kuke kallo?" in ji ta. "Mura ce ta kama ta a kududdufi. Malama ta riga ta duba, mace ce."